Ku Ce Babu Dangantaka

Tun daga titin Gate City Boulevard a North Carolina Hajiya Alima take nanata magana ɗaya daga kujerar baya, carbi a hannunta.

"In sun tambaye ku ko kuna da relation, wato dangantaka, ku ce babu. Kun ji ni ko? Babu."

Ɗanta Rahim ya ce to, idonsa a kan titi. Sadia, wadda zai aura, tana zaune a gefensa. Ta dai ɗaga ido ta dubi tsohuwar ta madubi, ranta na gaya mata akwai wata a ƙasa.

Ai zumuncinsu ba abin ɓoyewa ba ne, kaf zangon Kumasi an san shi. Wa da ƙani ne suka auri ya da ƙanwa. Wan ya ɗauki Alima, suka haifi Rahim. Ƙanin ya ɗauki Ayisha, aka yi ta jira har aka fitar da rai, sannan aka samu Sadia. Ita kaɗai ce a wurin uwarta, doguwa siririya a cikin dangi gajeru masu jiki, har ake tsokanarta wai ita ta kwashe tsawon gidan gaba ɗaya. Da Rahim ya ce ita yake so, dangi guɗa suka yi, sun ce abu ya tsaya a gida.

Ranar Asabar za a ɗaura, kuma limamin ya faɗa ba kwana-kwana: in bai ga lasin ɗin aure na gwamnati ba, ba zai ɗaura ba. Baƙi sun riga sun taso daga New York. In yau Juma'a ba a samu takardar nan ba, to auren ya tsaya.

Abin da ya hana Sadia sakewa shi ne halin Hajiya. Matar da ko mai tallar waya ne ya kira, ba ta yarda a ce masa ba ta gida, ita ce yau take koya wa mutane ƙarya? Ga shi an gaya mata ba a neman shaidu wurin karɓar lasin, amma ta riga kowa shiga mota. Satin nan kuma kullum tana ƙule a ɗaki tana waya da Ayisha a Kumasi, da Sadia ta turo ƙofa sai zance ya koma kan ciwon gwiwa. Ita ma uwar, da Sadia ta kira ta, kuka kawai ta yi ta ce, "Ki bi duk abin da Antinki ta ce."

Sadia ba yarinya ba ce, ta haɗa nata lissafin. Takardunta na zama 'yar ƙasa suna hanya, kuma kowa ya san abin da rantsuwar ƙarya a ofishin gwamnati take jawo wa baƙo. Wa zai ji daɗi in ta faɗa ramin? Sai ta tuna Oumaima, 'yar Yamai ɗin nan ta maƙwabta, mai kawo wa Hajiya dambu tana durƙusawa har ƙasa, Hajiya kuma tana sa mata albarka kamar ba ta da wata 'ya. Ita take so wa Rahim ke nan. Haushi ya cika Sadia. Wato a gaban dangi a yi murna, a bayan fage a haƙa mata.

A ofishin rajistar aure da ke tsakiyar gari, ma'aikaciyar mai fara'a ce, da tabarau a rataye a wuya. Ta karɓi katin shaidarsu, ta duba shekaru, ta tambaya ko wani ya taɓa aure. Komai lafiya. Da ta zo kan sunayen iyaye sai ta dakata, ta ɗora tabaran a hanci. Iyaye maza sunan mahaifinsu ɗaya, iyaye mata ma sunan mahaifinsu ɗaya.

Ta tambaya cikin ladabi ko su 'yan'uwa ne, ta kuma tuna masu cewa rantsuwa za su yi a kan amsar.

Daga benci Hajiya ta yi gyaran murya. Rahim ya buɗe baki, amma Sadia ta riga shi. Da Turancinta tas ta zayyana komai, wa da ƙani, ya da ƙanwa, tana yi tana kallon tsohuwar ta wutsiyar ido.

Fara'ar matar ta ragu. Ta ce a North Carolina 'ya'yan wa da ƙani suna iya aure, amma in zumuncin ya haɗa ta uba da ta uwa duka biyu, doka ta hana. Ta ba su haƙuri, ta turo masu katunansu.

Rahim ya tattara katunan. Sadia ta juya, hawaye na zuba.

"Anti, dama kin sani! So kike in yi rantsuwar ƙarya a kama ni, ki huta da ni?"

Hajiya ta miƙe da ƙyar. Carbin ya zame ya faɗi, ba ta ko dube shi ba. Ta zo ta kama hannun Sadia da hannu biyu, ta ce wa Rahim ya roƙi matar ta ɗan jira.

"Ni ban taɓa sa kowa rantsuwar ƙarya ba, 'yata," ta ce a hankali. "Ayisha da mijinta Allah bai taɓa ba su haihuwa ba. Wata baƙuwa ce ta sauka gidanmu da tsohon ciki, ta haife ki, ta rasu ta bar ki ko cibiyarki ba ta faɗi ba."