Shayi a Kwalbar Mashayi

Da hantsi, rana ta fara zafi, aka tsayar da Alamin gaban alƙali a Ƙauran Namoda, shekarar da aka fara Shari'a. Shi ke fitowa a mashayi a wasan barkwanci. Wani ya kai ƙara wai giyar gaske ce a kwalbarsa. Bulala ke jiransa.

Alƙali ya shinshina kwalbar, ya ce, "Shayi ne. Tafi."

Alamin ya ruga wurin wasa, ya tarar da amininsa Abbati sanye da yagaggiyar rigar da Alamin ke fitowa da ita a mashayi.

Abbati ya ce, "Har sun sako ka? Ni na kai ƙarar ka. Yau masu fim ke zuwa zaɓen wanda zai fito a mashayi, yini ɗaya nake so in tsaya a madadinka."

Alamin ya matso kusa da shi. Sannan ya manne masa gemun roba na wasan da ke zamewa daga haɓarsa. Abbati ya shiga fili, bai ko waiwayo ba.