An Maido da Zobe

Jannat ta sake girgiza kai, mai shagon ya mayar da sarƙar cikin akwati yana ƙunƙuni. Dikko ya saɓa jakarsa. Ya share gumi da gefen hirami, ya bi bayanta suka fito cikin lungun kasuwar Souq Waqif, inda ƙurar gyaran kasuwa ta cakuɗe da hayaƙin turaren wuta. Tun la'asar suke wannan yawo, ga zafin Doha na watan Agusta, wanda ko rana ta faɗi ba ya sassautawa.

Dikko direban babbar mota ne a wani kamfanin gine-gine a Sanaiya. Furfura ta ci rabin gemunsa, gwiwarsa ta dama kuma ta daina jin maganarsa. Jannat ma'aikaciyar jinya ce, ko talatin ba ta kai ba, daga aiki ta taho, ko takalmin asibiti ba ta canza ba. Su duka a gajiye suke liƙis, amma ba halin komawa. Gobe da safe jirginsa zai tashi zuwa Kano, kuma kafil ɗinsa, wato ubangidan da ya ɗauke shi aiki, ya riga ya ja masa kunne, in ya dawo daga wannan hutun ba wani sai bayan shekara biyu.

Maganar aure ce. Kwanakin baya Dikko ya aika zoben zinare gidan su Jannat a Zariya, wai zoben alkawari, kamar yadda ya ga yaran zamani suna yi. Ba a jima ba aka maido masa da abinsa ta hannun wani mai dawowa daga hutu, ko ledar ba a kwance ba. Saƙon baki ya biyo baya: ba a son zobe. In da gaske yake, ya zo da ƙafarsa, ya kawo abin da zai nuna ya san wadda yake nema. In ya sake kuskurewa kuwa, kada ya ƙara ta da maganar.

To fa! Mutumin da ya ƙare ƙuruciyarsa tsakanin Jidda da Doha yana jigilar siminti, ina ya san abin da ke sanyaya zuciyar mace? Dole ya sauke girman kai ya roƙi Jannat ta raka shi kasuwa. Da ƙyar da jiɓin goshi ta yarda.

Ya nuna mata lu'ulu'u, ta ce a ajiye. Ya ɗauko agogon hannu, ta ce a ajiye. Turare, carbi mai tsada, abaya mai duwatsu, kowanne kallo ɗaya take yi masa ta kau da kai. "Ku" take ce masa, cikin ladabin da ba fara'a a ciki. Shi kuwa tun da suke bai taɓa kiran sunanta ba, sai dai "ke".

Wani ɗan Yaman mai sayar da turare har ya tsokane su. Ya ce ango mai furfura sai ya yi haƙuri da rigimar ƙaramar amarya, ga shi ma tun ba a ɗaura ba sun fara kama, wushiryarsu iri ɗaya. Dikko ya buɗe baki zai yi magana, Jannat ta riga ta fice.

Bayan sallar magariba gwiwar ta ƙi. Ya zube a kan wani benci kusa da masu dakon amalanke, ya cire hula ya ɗora a cinya.

"Khalas, shi ke nan, na gaji," ya ce. "Ke, in kin san abin, don Allah ki faɗa mini."

"Ba ni ya kamata in faɗa ba. Ku ya kamata ku tuna."

Ta tsaya tana kallonsa. Haushinsa take ji, tsohon haushi, amma ganin yadda yake murza gwiwa sai tausayi ya rinjaye ta. Ta ɗauki jakarsa ta rataya, ta ce ya taso.

Ba layin zinare ta nufa ba. Can bayan kasuwa ta kai shi, layin teloli, wani ɗan shago da wani dattijo ɗan Pakistan ke gyaran kayan ɗinki. Ta nuna wani tsohon keken ɗinki baƙi, mai zanen fure ruwan zinare da ya fara gogewa.

Dikko ya yi dariyar takaici. Ya ce wa ya taɓa kai tsohon ƙarfe neman aure, ga nauyi, a filin jirgi ma sai an sha rigima. Yana cikin faɗa ya kai hannu ya juya wilin. Allura ta hau sama ta sauko. Dariyar ta ɗauke, ya kasa ɗago kai ya kalle ta.

Jannat ta yi magana a hankali, kada mai shagon ya ji.

"Ina shekara shida kuka ɗora irinsa a ka kuka fita, kuka ce gyara za ku kai, ashe kuɗin jirgi kuka haɗa da shi. Baba, in kuna son Umma ta komo ɗakinta, kekenta za ku fara mayar mata."