Tsohuwa Mai Tabarma

Abdoulkarim ya ja alƙalamin bik ya soke layi ɗaya a takardar tsarin tafiya, sannan ya tura ta gaban maigidansa.

Mijinyawa ya duba, ya ɗago kai. "Gidan tsohuwa mai tabarma ka soke? Zazzaɓin da ka ce ya kwantar da kai sati guda, har cikin kai ya shiga?"

Biron nasu ƙaramin ofis ne a unguwar Plateau ta Yamai, bayan ma'aikatun gwamnati: tebur biyu, fanka ɗaya, mota katkat a ƙofa. Yawon kwana uku suke kai mutane ƙasar Adar. Ranar farko kasuwar kan tudu, inda ake jibge albasa da kanwa. Rana ta biyu ƙauyen gindin dutse, daga nan a hau zuwa kogon da mutanen zamanin da suke ɓuya a ciki lokacin yaƙi. Rana ta uku a dawo Yamai. Shekara shida Abdoulkarim ke jan motar, shi ke kuma yin bayani.

Duk wanda ya je ya dawo, ba kasuwa yake labari ba, ba kogo ba. Tsohuwar yake labari.

Tana zaune ne kullum a inuwar rumbu, kaba jiƙaƙƙa a ƙwarya, yatsunta na gudu. Takan ba kowane baƙo sili biyu ya gwada, in ya ɓata ta yi masa dariya har da tafi. Tafiyar farko, wani babban ma'aikaci ya leƙa ɗakinta, ya toshe hanci da hankici, ya tambayi Abdoulkarim ko wace ce. Ya ce, "Wata tsohuwa ce." Haka aka rubuta a takarda, haka ya zauna.

"Ba zai yiwu ba," in ji Mijinyawa. "Hajiya Aïchatou ta haɗo mana mutum takwas don wannan zangon kaɗai. Ga ta nan ma."

Hajiya Aïchatou tsohuwar malamar lakwal ce, wato makarantar boko, daga unguwar Banifandou, tana cikin waɗanda suka je tafiyar ƙarshe. Ta shigo da leda a hannu, ta zauna kafin a ce ta zauna.

"Ɗana, ka rame. Ba a ba ka tuwo?" Ta zazzage ledar a tebur: kwalbar maganin tari, man zafi, da hoto cikin gilashi. "Na ƙawata mai tabarma ne. Tarin nan nata bai bar ni na yi barci ba."

Abdoulkarim bai taɓa hoton ba. Ya san ranar da aka ɗauke shi.

Ranar sun makara a hanya. Tsohuwar ta yi saƙarta tana tari, sili na kuɓuce mata. Da baƙi suka miƙe, sai ta juya wajen maƙwabciyarta ta ce, "A ce ma mai mota shi kwana yau." Ba ta taɓa neman haka ba. Ya ji da kunnensa. Ya duba agogo, ya duba dutsen. In rana ta karkata, kogo ya yi duhu, baƙi kuma kogo aka yi musu alkawari. Ya ce wa maƙwabciyar, "Ki ce mata sai wata tafiyar." Ya tayar da mota. A madubi ya hango ta ta miƙe tsaye, dafe da rumbu.

"Ni abin da ke ba ni mamaki," Hajiya ta ce wa Mijinyawa, "matar nan kowa nata ne. Ni ta ce mini hannuna sai alli. Amma wannan," ta nuna Abdoulkarim da leɓe, "ko kallo bai ishe ta ba. In ya shigo, sai ta juya fuska ga bango. Muka ce lalle ya taɓa taka mata kaza da mota."

Mijinyawa ya yi dariya. "To kin ji, shi ya sa yake son a soke ta."

"A soke wa?"

Fanka na juyawa. Abdoulkarim ya ga ba sauran wurin ɓuya.

"Ta rasu, Hajiya. Yau kwana tara."

Hajiya ta yi salati a hankali, ta kifa hoton. Mijinyawa ya cire hula ya mayar. "Shi ne ba ka faɗa ba? Wa ya gaya maka?"

"An yi mini waya. Kafin in isa an rufe ta."

"Kafin ka isa ina? Ba kwance ka ce kake ba?"

Hajiya ta share ido da bakin mayafi ta ce, "Allah ya jiƙanta. Tafiya dai ba fashi, sai mu mayar da ita gaisuwa. Ta bar ƴaƴa?"

"Ɗaya ya rage. Yana nan Yamai."

"Yana Yamai, ya bar uwa tana tari a gindin dutse? Allah ya shirya. Wace unguwa yake? In na gaishe shi, sai na gaya masa magana."

Abdoulkarim ya jawo hoton, ya juyo da shi. Karon farko ke nan da idon tsohuwar ya tsaya cikin nasa.

"Gaya masa, Hajiya, yana ji," ya ce. "Ba kaza na taka ba. A garinmu, uwa ba ta kallon ɗanta na fari, ba ta kuma kiran sunansa."