Hukuma a Ƙofar Mota

Direban ya riga kowa shiga kotun, ya kame a bencin gaba da rigarsa mai karin guga. Yau za a yi ta ta ƙare.

Tun shekaru uku da suka wuce rigimar ta samo asali. An kafa dokar hana ɗora kaya a saman mota idan za a haye tsohuwar gada. Shi kuwa ya lafta buhuna kamar yadda ya saba, sai wata sabuwar jami'ar sufuri ta tare shi. Ko leƙa motar ba ta yi ba ta lissafo laifukansa: birki na cin gefe ɗaya, fitilar hagu ba ta kamawa sai an mare ta, ƙofar baya da igiya aka ɗaure. Ta ƙwace takardar izininsa a gaban fasinjoji.

Abin ya yi masa ciwo ƙwarai. Ya kai ƙara, kuma cikin fushi ya rantse ba zai sake yi wa yarinyar nan magana ba sai alƙali ya faɗi mai gaskiya. Da yake kullum sai sun haɗu, sai ya koma aika saƙo ta bakin duk wanda ke kusa: "A gaya wa hukuma ta matsa in wuce."

Fushin ya daɗe da hucewa, rantsuwar ce ta maƙale masa a wuya. Yanzu ko kayar da shi aka yi yana so, shi dai a yanke.

Alƙali ya gyara tabarau. Ya ce an rushe gadar tun bara, an soke dokar, an mayar wa mai ƙara takardarsa, saboda haka babu sauran abin da kotu za ta duba. Ya kori ƙarar.

Direban ya cafki hannun lauyansa. "To wa ke da gaskiya?"

"Ba a faɗa ba, kuma ba za a faɗa ba har abada."

Direban ya fito yana jan ƙafa, sai ya tarar da jami'ar tsaye a jikin motarsa, kakin nan tsaf, idanunta sun kaɗa.

"A tambayi hukuma me take nema a nan," ya ce wa lauya.

Lauya ya duba agogo, ya ce aikinsa ya ƙare tun a ciki, ya yi gaba abinsa.

Direban ya waiga dama, ya waiga hagu, babu ɗan aike. Ya yi lissafin azumin kaffara a ransa, ya ga ai azumin ba kashe shi zai yi ba. Ya mari fitilar hagu, ya buɗe ƙofar gaba.

"Shiga mu tafi gida, Auta, tun ɗazu uwarki take jiran mu."