Launin Dariya

Tsohon tela ya daɗe da kurmancewa, sai ɗansa ya kawo fitilar da ke mayar da sauti haske a bango.

"Baba, shuɗi magana ne, rawaya dariya," ya faɗa a hankali don tsohon ya karanta leɓɓansa.

Murna ta kama tsohon, ya rera waƙar da yake yi wa marigayiya matarsa. Jikoki suka sunkuyar da kai, matar ɗansa ta rufe fuska, kafaɗunta na rawa. Ya ɗauka kuka take, ya juya ya share nasa hawayen.

Bangon gabansa ya cika da rawaya har rufi.

Da ya waiwayo, ɗansa ya zare wayar fitilar, yana cije leɓe.

"Ta lalace, Baba."