Goyon Kilo Huɗu

A zamanin nan kowane tsohon rauni da lambarsa. Ta Tabawa ta hatsarin adaidaita ce, wanda ya taɓa mata ƙashin baya, asibiti ya ɗaura mata ita a awarwaro. In ta ɗauki fiye da kilo uku, awarwaron zai kai ƙara, a yanke mata magani.

Ga jikanta na fari, kilo huɗu.

"Malam, haka zan mutu ban goya angona ba?"

Mijinta Sallau ya ce, "Ɗaura zanin."

Ya tallabe jaririn ta ƙasa, yana bin ta a duƙe suna zaga tsakar gida. Awarwaron ko uffan.

"Kin yi sabon miji," ya ce yana haki, "na koma ɗan dako."

"Daure, Malam. Saura zagaye ɗaya."