Marini da Tauraruwa Mai Bin Sawu

Zauna in ba ka wani misali, ɗan'uwa, tunda na ga tsoro yana neman ya raba ka da gidanka. A wata duniya da ba tamu ba, inda wata biyu ke fitowa a sama, akwai wani gari a bakin sararin gishiri. Mutanen garin suna da wata tauraruwa da ba sa son ambatonta, in ma ya zama dole sai su rage murya su ce Mai Bin Sawu. Ba da dare take fitowa ba. Da rana tsaka take bayyana, koriya shar kamar idon kyanwa, kuma mutum yana iya yin furfura bai taɓa ganinta ba. In ta fito kaji sukan yi tsit, nono ya tsinke a ƙwarya, kowa ya ga inuwarsa ta rabu biyu. Tsofaffi sun ce wanda ya fara ganinta shi ta zo ɗauka, kuma duk inda ya sa ƙafa tana bisa kansa. Yadda take ɗaukar ne baki bai zo ɗaya ba. Wasu sun ce jini take shanyewa ta bar fata, wasu sun ce kiran mutum take yi da muryar uwarsa, in ya amsa shi ke nan.

To, wata rana wani marini ya sunkuya a bakin karofinsa zai tsamo zane, sai ya ga ɗigon haske kore yana rawa a cikin baƙin ruwan baba. Ya ɗaga kai, ga ta a tsaye. Ya dubi sauran marina, kowa na hirarsa, ba wanda ya lura. Nan take ya bar zanen mutane a cikin rini ya nufi gida da hannuwansa shuɗi. Yana tafiya tana tafiya, ya tsaya ta tsaya. Kafin gari ya ruɗe da kururuwa, har ya ɗora wa jaki salkar ruwa, ya aza 'yarsa ƙarama a kan jakin, ya tasa matarsa gaba, suka fita ta bayan gari suka shiga sararin gishiri, inda ko fatake ba sa bi sai da ɗan jagora. A ransa, in ya yi nisa za ta ɓace masa.

Ba ta ɓace ba. Kullum rana ta take, sai ya ga inuwarsa ta rabu a kan farar ƙasa, ya ɗaga kai ya same ta a inda ya bar ta jiya, bisa kansa. Ko iska ta yi ƙara sai ya toshe kunne, don kada ya ji muryar uwarsa. Gishiri ya tsattsage musu ƙafa, salka ta yi laushi, yarinya ta daina kuka ta koma nishi. Matarsa ta riƙe igiyar jaki ta ce, "Maigida, don Allah mu juya. Abin da ke sama bai taɓa mu ba har yanzu, ƙishirwa kuwa ga ta a leɓen yarinyar nan." Ya fizge igiyar ya ce, "Ba ki ga tana bina ba? In na tsaya na mutu." Suka ƙara nitsawa. Jakin ya durƙusa bai sake tashi ba. Marini ya goya 'yarsa yana jan ƙafa, idonsa na sama, har lokacin da ya ji hannuwanta sun saki wuyansa. Da hannu suka tona mata rami a cikin gishiri. Washegari rana ta take, ya duba ƙasa ya ga inuwarsa ɗaya tak. Tauraruwa ta gama kwanakinta ta tafi abinta.

Wasu fatake ne suka tsince su a kwance, suka ɗiga musu ruwa a baki, suka mai da su gida a kan raƙumi. Marini ya tarar da gari yadda ya bar shi, ba a rasa ko akuya ba. Mutane sun ji tsoro, sun rufe randuna, sun zauna wuri ɗaya suna addu'a har abin ya wuce. Da ya ba da labarin yadda ta yi ta binsa, wata tsohuwa mai sayar da daddawa ta ce, "Ayya, ɗan nan, ai ni ma ta bi ni rijiya, ta rako ni har ƙofar ɗakina." Marini ya dubi matarsa, ita kuwa ƙasa take kallo, zanen goyonta a hannu.

Saboda haka kafin ka ɗaure kayanka, ɗan'uwa, ka dubi inda za ka da idon da kake duban abin da ya kore ka. Hausawa ba su yi ƙarya ba da suka ce an yi gudun gara, an faɗa gidan zago.